Taswirar da ke lanƙwasa dutse don kada mai zamiya ya ɓata

A wuraren wasan zamiya a kan dusar ƙanƙara na Turai da Amurka akwai wata takarda da ake ninkewa a zura a aljihun riga. Ana kuma kafa babbarta a kan allo a duk inda kujerun da ke hawa da mutane bisa wayar ƙarfe suke sauke su. Ita ce taswirar hanyoyin gangarowa. Wanda ya isa ƙololuwar dutse da yamma liƙis, dogayen allunan zamiya ɗaure a ƙafafunsa, sanyi yana cizon yatsunsa, yana da ɗan lokaci kaɗan ya yanke shawara: dama zai bi ko hagu. Hanya ɗaya za ta sauke shi a ƙofar masaukinsa. Ɗayar tana iya kai shi gangaren da ya fi ƙarfinsa, ko ta jefa shi wani kwari bayan an tsayar da kujerun da za su dawo da shi. A yawancin manyan wuraren nan, abin da yake dubawa kafin ya zaɓa zane ne da wani mutum ya yi da fensir da burushi da fenti.

Wannan zane, in aka auna shi da ma'aunin masu safiyo, cike yake da kurakurai. An juya fuskar wani dutse, an buɗa wani kwari fiye da faɗinsa, an ƙara wa ƙololuwa tsawo. Duk da haka shi ne taswirar da ta fi dacewa da wurin, kuma masu wuraren zamiya da suke ganin hoton tauraron ɗan'adam ko manhajar waya sun wadatar, suna shirin yin asarar abin da ba su gama sanin darajarsa ba.

Asalin sana'ar

Tushen wannan salo yana tsaunukan Alps. Heinrich Berann, ɗan ƙasar Austriya da aka haifa a Innsbruck a 1915, ya yi karatun zane ne, ba na taswira ba. A 1934 ya lashe gasar zana sabuwar hanyar mota ta Grossglockner, daga nan kuma ya shafe shekaru sittin yana zana duwatsu kamar yadda tsuntsu zai gan su. Shi ya zana wuraren gasar Olamfik ta lokacin sanyi ta Cortina a 1956 da ta Innsbruck a 1964. Shi ne kuma ya zana shahararriyar taswirar ƙasan tekunan duniya ta 1977, bisa binciken Marie Tharp da Bruce Heezen, wato wurin da ido bai taɓa gani gaba ɗaya ba. A ƙarshen rayuwarsa ya yi wa hukumar gandun dajin Amurka zane huɗu: North Cascades da Yosemite da Yellowstone da Denali. Ya rasu a 1999.

A Faransa, Pierre Novat ya fara da yankin Val d'Isère a farkon shekarun 1960, ya ci gaba har ya zana yawancin manyan wuraren zamiya na ƙasar, haɗe da wuraren gasar Olamfik ta Albertville a 1992. Bayan rasuwarsa a 2007 'ya'yansa suka riƙe ɗakin aikinsa.

A Amurka sana'ar ta bi silsilar malami da almajiri. Hal Shelton, wanda ya yi aikin taswira a hukumar safiyon ƙasa kafin ya koma zana taswirori masu launin ƙasa na zahiri don jiragen sama, ya zana wuraren zamiya na Kolorado a shekarun 1960. Bill Brown ya biyo bayansa. A 1987 Brown ya miƙa wa wani mai zane mai suna James Niehues aikin sashen Mary Jane na Winter Park, lokacin Niehues ya riga ya kai shekara arba'in. Daga wannan ƙaramin aiki ya zana wuraren zamiya kusan 200 a nahiyoyi daban-daban. Da aka nemi gudummawar jama'a ta dandalin Kickstarter don tattara ayyukansa a littafi, an tara fiye da dala 500,000, littafin kuma ya fito a 2019 da sunan The Man Behind the Maps. Mutane ba sa zuba irin wannan kuɗi a kan takardar kwatance kawai. Sun ga wani abu a cikinta da ya shafi yadda suka san duwatsun da suke ƙauna.

Matsalar da dutse ke kawowa

Taswirar da aka saba da ita tana kallon ƙasa daga sama tsaye, arewa a sama, kudu a ƙasa. Wannan ya dace da birni ko fili. Ga mai zamiya kuwa, abin da ya fi muhimmanci shi ne abin da irin wannan taswira ta fi ɓoyewa: ina ne sama, ina ne ƙasa, kuma yaya tsananin gangaren yake. Masu safiyo suna nuna tudu da layukan da ke haɗa wuraren da tsayinsu ya zo ɗaya, amma karanta su sai wanda ya koya, kuma ba a koyon su a bakin gangare cikin iska. Saboda haka taswirar zamiya ta yar da ƙa'idar arewa. A wurinta ƙololuwa ce sama, masauki kuma ƙasa, ko da hakan na nufin mai kallo yana fuskantar kudu. Sau da yawa ma haka ne, domin a arewacin duniya an fi son gangaren da ke kallon arewa, inda rana ba ta saurin narkar da ƙanƙara.

Sai dai dutse ba bango ba ne. Yana da gaba da baya da gefuna, hanyoyin gangarowa kuma suna bin kowace fuska. Babu wani wuri guda a sararin sama da za a tsaya da kyamara a ga dukkansu. Vail, wanda aka buɗe a Kolorado a 1962, yana da fuskar gaba, yana da manyan kwaruruka a bayansa, sannan tun 2000 aka ƙara wani yanki can gaba da su, har ya zama dole a raba taswirarsa kashi-kashi. Whistler Blackcomb na Kanada duwatsu biyu ne da kwari mai zurfi a tsakaninsu, da hanyoyi sama da 200. Les Trois Vallées na Faransa, kamar yadda sunansa ya nuna, kwaruruka ne a jere, kowanne yana ɓoye bayan tudun da ya raba shi da maƙwabcinsa. Duk wanda zai sa irin wannan wuri a takarda ɗaya, tilas ya taɓa siffarsa.

A nan hikimar mai zane take. Yakan juyo da fuskar da ta ba mai kallo baya har ta bayyana, kamar yadda ake buɗe littafi a ga shafi biyu a lokaci guda. Yakan faɗaɗa kwarin da hanyoyi suka cunkushe a ciki don kowace ta sami wurin da za a rubuta sunanta. Yakan nuna abin da ke kusa kamar ana kallonsa daga sama sosai, sannan a hankali ya kwantar da kallon har ya kai ga sararin samaniya a can nesa, abin da babu idon kyamara da ke yi. Berann ya yi nisa a wannan: a zanen Yellowstone ya juya jerin duwatsun Teton don fuskarsu da kowa ya sani ta kalli mai duba zanen, a na Denali kuma ya ƙara wa dutsen girma don ya yi kwarjinin da yake yi wa wanda ya tsaya a gabansa.

Yadda ake aikin

Hanyar da Niehues ya bi ta nuna cewa ba zanen son rai ba ne. Yakan shiga ƙaramin jirgin sama ya zagaya dutsen, yana ɗaukar hotuna masu yawa daga nesa da kusa, daga bisa sosai zuwa ƙasa-ƙasa. Yakan haɗa su da taswirorin safiyo, a shekarun baya kuma da hotunan tauraron ɗan'adam. Daga nan sai ya yi ƙananan zane-zane don neman kusurwar da za ta nuna mafi yawan hanyoyi, sannan ya yi cikakken zane da fensir ya aika wa masu wurin su duba. A wannan mataki ne waɗanda suka san dutsen, musamman ma'aikatan sintiri da ceto, za su iya cewa wannan hanya ba a nan take haɗuwa da waccan ba. Sai an amince da zanen fensir ake fara fenti. Sararin sama da shimfiɗar ƙanƙara da ƙaramar na'urar feshi ake yin su, itatuwa kuwa da burushi, ɗaya bayan ɗaya, dubbai a kan dubbai, kowace da inuwarta. Babban dutse yakan ci makonni. Sunayen hanyoyi da layukan kujeru da alamomi daga baya ake ɗora su da kwamfuta, don a iya sauya su ba tare da an taɓa zanen ba.

Wanda bai sani ba zai ɗauka itatuwan nan ado ne. Alhali su ne ma'aunin da ido ke aiki da shi. Girman itace yana gaya wa mai kallo faɗin hanya. Yawansu yana nuna inda daji ya yi duhu da inda ya yi sarari har za a iya ratsawa. Tsawon inuwa da duhunta suna nuna tsananin gangare. Ƙanƙara fara ce a kan fara, kuma hoton sama yakan mayar da ita shimfiɗa ɗaya marar tudu marar kwari. Wani lokaci ma hoton yakan yaudari ido, domin idan haske ya zo daga ƙasan hoto, kwari kan yi kama da tudu, tudu ya yi kama da kwari. Mai zane shi ke zaɓar inda rana za ta tsaya, ya kuma ajiye inuwa a inda za ta yi bayani.

Zargin ƙarya

Babban abin da ake tuhumar wannan sana'a da shi shi ne ta saba wa gaskiyar ƙasa. Tuhumar tana da tushe, amma ta manta cewa kowace taswira tana zaɓe. Mark Monmonier ya rubuta littafi guda a kan haka a 1991, How to Lie with Maps, inda ya nuna cewa ba a mayar da duniya mai tudu da kwari kan takarda shimfiɗaɗɗiya sai an bar wani abu, an kuma karkata wani. Taswirar jiragen ƙarƙashin ƙasa ta Landan da Harry Beck ya tsara, wadda aka fara rabawa a 1933, ta watsar da nisan gaskiya tsakanin tashoshi, ta miƙe layukan da suke a karkace, kuma har yau a kan tsarinta ake tafiya. Fasinja ba ya neman sanin yawan mitocin da ke tsakanin tasha da tasha. Yana neman sanin inda zai sauka ya canja jirgi.

Haka abin yake ga duk mai yin kwatance da baki. Wanda ya iya kwatance ba ya lissafa kowane gida da ke kan hanya. Yakan ambaci babbar bishiya da mararraba da gada, ya tsallake sauran, ya kuma nanata wurin da ya san baƙi suna ɓata. Ba a cewa ya yi ƙarya don ya bar wasu abubuwa. Ana auna shi da ko baƙon ya isa. Taswirar zamiya kwatance ce da aka yi da fenti, kuma ma'auninta ke nan. Akwai abubuwan da ba ta da izinin taɓawa ko kaɗan: wace hanya ke shiga wace, wace kujera ke sauke mutum a ina, ina ne iyakar wurin da ake sintiri, wane gangare ya fi wane tsanani. Muddin waɗannan suna daidai, juya fuskar dutse hidima ce ga mai zamiya.

Inda haɗarin yake

Akwai tuhuma ta biyu da ta fi ta farko nauyi, kuma bai kamata masoya wannan zane su kawar da kai daga gare ta ba. Mai biyan kuɗin taswira shi ne mai sayar da tikitin hawa dutsen. Takardar da ke nuna hanya ita ce kuma takardar talla. A cikinta sama kullum shuɗiya ce, ƙanƙara ta rufe ko'ina, babu layin jira, babu tabo. Kamfani yana son dutsensa ya yi girma da kwarjini fiye da na maƙwabcinsa, kuma an san masana'antar da son ƙari: Christoph Schrahe, wani masanin taswira Bajamushe, ya auna tsawon hanyoyin wurare da yawa ya gano cewa kilomitocin da ake tallatawa sun zarce abin da ke ƙasa. Hannun da ya iya buɗa kwari don a ga hanya, ya iya buɗa shi don a ga kamar wurin ya fi yadda yake.

Alamomin wahala ma ba su toshe wannan ɓaraka ba. A Amurka da Kanada ana amfani da koren da'ira ga hanya mai sauƙi, shuɗin murabba'i ga matsakaiciya, baƙin lu'ulu'u ga mai wuya. A yawancin Turai shuɗi ne da ja da baƙi, Faransa kuma ta ƙara kore ga masu koyo. Amma kowane wuri da kansa yake auna hanyoyinsa, saboda haka shuɗin wani dutse yana iya zama baƙin wani. Baƙon da ya dogara da launi kaɗai yana iya shan mamaki. Abin da zai cece shi shi ne zanen ya nuna masa tsananin gangaren da idonsa, kuma wannan yana hannun mai zane da amanarsa.

Sai dai wannan tuhuma hujja ce ta a riƙe ƙwararren mai zane, ba ta a sallame shi ba. Kwamfuta ma tana ƙara wa dutse tsawo, da danna maɓalli ɗaya, kuma babu sunan kowa a ƙasan hoton. Mai zanen da ya sa hannu a kusurwar aikinsa yana da sunan da zai kare. In ya ɓoye wani rami ko ya sassauta wani gangare don faranta wa sashen talla, masu zamiya za su gane da ƙafafunsu, sauran wurare kuma za su ji labari. Iyakar da ke tsakanin lanƙwasa don bayani da lanƙwasa don ciniki hukunci ne, hukunci kuwa yana bukatar wanda za a tambaya in ya karkace.

Waya da takarda

Ba za a musa amfanin waya ba. Tana nuna wa mutum inda yake tsaye a wannan daƙiƙa, tana faɗa masa kujerar da aka rufe saboda iska, tana taimaka wa masu ceto su same shi. Takarda ba ta yin ko ɗaya daga cikin waɗannan. Amma fuskar waya ƙarama ce: in aka matso da hoto don a karanta sunan hanya, sauran dutsen ya ɓace, in aka ja da baya don a ga dutsen, sunayen su ɓace. Sanyi yana cinye batir da sauri, yatsun da ke cikin safar hannu mai kauri kuma ba sa iya latsa gilashi. Manhaja tana kuma rayuwa ne gwargwadon ribar mai ita. FATMAP, wadda masu hawan duwatsu suka yaba wa taswirorinta masu nuna tudu da kwari, kamfanin Strava ya saye ta a 2023 ya kuma rufe ta a 2024. Zanen da aka yi shekaru talatin da suka wuce yana nan, ana ƙara masa sabuwar hanya in an sare ta.

Bambanci mafi girma yana cikin abin da ke zama a ƙwaƙwalwa. Wanda ke bin ɗigon shuɗi a waya yana isa inda za shi, amma bai san dutsen ba, kuma ranar da wayar ta mutu ya zama baƙo a wurin da ya kwana bakwai. Wanda ya shimfiɗa zane a kan tebur da dare, shi da 'ya'yansa, suna bin hanyoyi da yatsa suna shirya gobe, yana hawa da siffar dutsen gaba ɗaya a kansa. Ya san cewa kwarin hagu yana sauka wani ƙauye dabam, ya san tudun da in ya tsallake shi sai da kujera zai dawo. Wannan sani kariya ce. Shi ya sa wurare da yawa, ko a cikin manhajarsu, zanen hannun suke sakawa su ɗora ɗigon a kansa.

Abin da ke bisa sikeli

Masu wannan sana'a ba su taɓa yin yawa ba. A Amurka kusan mutum ɗaya ne ke riƙe da ita a kowane zamani: Shelton, sai Brown, sai Niehues, wanda da ya ajiye aikin taswirar zamiya ya nuna Rad Smith na jihar Montana a matsayin mai ci gaba. Silsilar da ke rataye a wuyan mutum ɗaya tana iya tsinkewa cikin shekaru kaɗan na rashin aiki. Ba a makaranta ake koyon yadda za a juya dutse ba tare da an raba hanya da mahaɗarta ba. A gefen wanda ya iya ake koyo, a kan aikin gaske da wani ya biya. Wurare da dama kuma sun rage buga taswirar aljihu da sunan tsimin takarda, abin da ke rage dalilin neman sabon zane.

Kuɗin zana dutse ɗaya bai kai komai ba in aka kwatanta da kuɗin kafa layin kujeru guda, ga shi kuma zanen yana hidima shekara da shekaru. Abin da ya kamaci masu wuraren zamiya a fili yake. Su ci gaba da ba masu zanen hannu aiki, har da matasan da ba su yi suna ba tukuna. Su bar ma'aikatan sintiri da ceto su zama masu magana ta ƙarshe a kan zanen fensir, sashen talla ya biyo baya. Su ajiye babban allo a kowace ƙololuwa da takarda ga duk wanda ya nema, waya kuma ta yi aikin da ta fi iyawa, wato labarin abin da ke faruwa yanzu. Mutumin da ke tsaye a bakin gangare da ƙarfe huɗu saura, batirinsa ya mutu, hazo yana saukowa, ba zai tambayi ko an ƙara wa ƙololuwa tsawo ba. Zai ɗaga kai ya dubi allon, ya nemi hanyar da za ta kai shi gida kafin duhu.